Zauren Alƙalami: Ina Maginan Asiri Suka Shiga?

Assalamu alaikum masu karatu. Wasiƙu huɗu na ɗauko a wannan fitowa, kuma duk a kan labari ɗaya suke. Wata ɗaliba ce a nan Maraɗi take rubuta shi kashi-kashi tana sakawa a WhatsApp, har ya kai hannun mutanen da ba ta sani ba, su ma suka rubuto. Da tata wasiƙar zan fara, tunda ita ce mai abin.

TAMBAYA: Baba, ina gaisuwa da fatan kana lafiya. Ina rubuta labarin wata duniya da na ƙirƙira da kaina. A cikinta an yi wata ƙungiyar magina ta asiri, waɗanda suka gina manyan birane bakwai da sihiri, daga baya suka ɓace, ba wanda ya san inda suka shiga. Bayan shekara 300 ganuwar garin tauraruwar labarin ta fara tsagewa, sai ta fita neman su. Ƙawayena sun ce labarin da daɗi, amma wai maginan kamar daga fim ɗin Turawa na kwaso su: dogon gemu, sandar tsafi, hasumiyar dutse mai tsini. Yaya zan yi su zama namu? Sannan me ya kamata ya zama sanadin ɓacewarsu? Na yi tunanin wani azzalumin sarki ya kashe su duka a dare ɗaya.
Ɗaliba, Jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo, Maraɗi

AMSA: Ƴata, ina amsawa, Allah ya yi albarka. Na karanta abin da kika turo, kuma ƙawayenki gaskiya suka faɗa miki, ki riƙe su da kyau. Kin iya jan zance, yarinyar labarinki kuma tana da rai. Maginan ne ba su da shi. Sun gina birane bakwai, amma ban ga inda laka ta taɓa ƙafar ko ɗaya daga cikinsu ba. Su ɗaga sanda, bango ya miƙe. Mai karatu ba zai yi kewar mutanen da aikinsu bai wuce ɗaga sanda ba, in kuwa bai yi kewarsu ba, me zai sa ya bi yarinyarki yawon nemansu?

Kakana na wajen uwa magini ne, kawuna ya gaje shi, ni kuma ina yaro nakan yi musu jifan tubali da rani, ranakun da ba mu zuwa lakwal. Lokacin birgi mai kusurwa huɗu ya fara ture tubali, amma kawu bai saki na ubansa ba. Bari in gaya miki yadda aikin yake, sai ki duba ko kina da buƙatar aro daga wani wuri.

Ana haƙo jar ƙasa, a jiƙa ta, a zuba yankakkiyar ciyawa da kashin dabbobi, a shiga a tattake da ƙafa. Ba a aiki da ita ranar. Sai ta kwana, ta sake kwana, ta ruɓa har warinta ya cika unguwa, a ƙara ruwa a sake tattakewa. Tubali da hannu ake mulmula shi, gindi da faɗi, kai da tsini, a shanya a rana ya bushe ƙarau. Magini ba shi da takarda, ba shi da zane. Da ƙafa yake zana ɗaki a ƙasa, ya auna da taƙi da kamu da gaba. Bango yana farawa da kauri, yana sirancewa yayin da yake hawa, kuma ba a ɗora sahu bisa sahu sai na ƙasa ya sha iska. In gini ya yi sama, magini kan wara ƙafafu ya zauna bisa bangon, yaro daga ƙasa yana jefa masa tubali ɗaya bayan ɗaya, yana cafewa ko dubawa ba ya yi.

Rufi shi ne wurin da ake gane gwani. Azara daga giginya ake tsago ta, gara ba ta cin ta, amma ba ta iya ƙetare ɗaki mai faɗi ita kaɗai, sai ta lanƙwashe. To yaya aka yi manyan zaurukan sarakuna da babu ginshiƙi a tsakiyarsu? Da baka. Magini zai dasa azara cikin bango, ya ɗaura wata bisanta ta ɗan leƙo gaba, ya binne su da laka, ya jira ta bushe, ya ɗaura wata ta ƙara leƙowa. Haka daga wannan bango, haka daga wancan, ƙafafu biyu suna tafiya cikin iska suna neman juna, ba abin da ke tallafe da su daga ƙasa. Ranar da za su haɗu, kawu ba ya barin kowa ya yi magana, ba ya barin kowa ya gifta ta ƙarƙashi. Manyan mutane na tsaye sun yi tsit suna kallon sama. In kina neman inda sihiri zai zauna a labarinki, ga shi nan, a wannan ɗan tsakanin da ya rage kafin ƙafa ta taɓa ƙafa. Daga nan sai a yi ɗaurin guga, wato bakuna masu gittar juna a sama, a tada tulluwa, wato ƙubbar rufi, a kafa zankwaye, tsinayen ado, a kusurwoyi, a sa indararo. A shafe bango da makuba, wadda ake samu daga ɓawon ɗorawa. Rufin masu hali kuwa a yi masa laso, haɗin katsin marina da gashin jima da ruwan dafara. Kin ga kenan maginanki suna da hulɗa da marina da majema da masu saran giginya. Ƙungiyar asiri ma sai ta je kasuwa.

Maganar asiri kuma ba sai kin ƙirƙiro ta daga babu ba. Mutanen unguwarmu sun yarda magini na gado ba ya faɗowa daga bango, kuma wanda ya cinye masa kuɗin aiki zai ga tsaga kafin damina ta fita. Ranar kafa harsashi kawu kan zo tun da asuba shi kaɗai, ya yi addu'a, ya sa wani ɗan ƙulli a kusurwa, a raba sadaka. Amma abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne yadda yakan ɗebi ƙasa ya murza a yatsu, ya ɗanɗana a harshe, ya ce wannan ba ta yi ba, a koma wancan ramin. Yakan dubi irin ciyawar da ta fito a fili ya ce nan ruwa ke kwanciya, a matsa gaba. Ga wanda bai sani ba wannan duba ne. Ga wanda ya sani, shekara da shekaru ne na ganin abin da ya tsaya da abin da ya faɗi. A birnin Jenne na ƙasar Mali har yau magina suna da ƙungiyarsu ta gado, kowane gida da magininsa, wani ba ya taɓa ginin wani sai da izini, kuma suna da kalmomin sirri da ubangida ke ba yaronsa bayan ya daɗe yana hidima. A Agadas ana ba da labari cewa wani bawan Allah ne ya tada masallacin a dare ɗaya, tsakanin Lisha da Asuba. Mutanenmu sun daɗe suna kallon gwanin gini da ɗan tsoro.

Yanzu maganar ɓacewa. Sarkin da ya kashe magini tsohon labari ne, kuma yana da ƙarfi. Muhammadu Durugu, wanda aka fi sani da Babban Gwani, shi ya gina Masallacin Juma'a na Zariya a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, wanda ya yi sarauta daga 1834 zuwa 1846. Ana faɗin cewa da ya gina wa sarkin Birnin Gwari masallaci, sarkin ya sa aka kashe shi don kada ya gina wa wani wanda ya fi wannan. Ɗaliban Larabci sun san irinsa a labarin Sinimmar, wanda ya gina wa Nu'umanu sarkin Hira fada, aka saka masa da wurgo shi daga samanta. Amma ki lura da abu ɗaya: mutuwar Babban Gwani ba ta kashe gini a Zariya ba. Zuriyarsa da yaransa sun ci gaba da sana'ar. Takobi na kashe gwani, amma muddin akwai yaro a gindin bango yana jefa tubali yana kallo, sana'a na nan.

Ki dubi hasumiyar Agadas, mai tsawon mita 27, wadda aka fara ginawa a 1515 aka sabunta a 1844. Itatuwan nan da suka fito a jikinta ta kowane gefe, a kansu ake takawa in za a yi mata gyara. Wanda ya gina ta ya san sai an dawo, shi ya sa ya bar wa masu zuwa matakala a jikin aikinsa. Babban masallacin Jenne, ginin 1907, duk shekara garin gaba ɗaya ke fitowa a yaɓe shi. Ginin ƙasa alkawari ne tsakanin wanda ya gina da waɗanda ba a haifa ba tukuna, kuma a ganina nan ne zuciyar labarinki take.

Ga abin da zan yi da ni ne ke riƙe da alƙalamin. Kowane gini na ƙungiyar yana da suna, wanda gwani ke raɗa masa ranar haɗa baka. Duk shekara kafin ruwan fari sai wani daga cikinsu ya zo ya ɗora hannu da ɗanyar laka ya kira shi da sunan, sannan ya tsaya wata shekarar. Ladansu mudun gero daga kowane gida. Asirin kuma yana da farashi: duk bakan da gwani ya haɗa, daga ƙashin bayansa take ɗaukar ƙarfin tsayuwa, don haka manyansu duk a sunkuye suke, wanda ya fi gini shi ya fi sunkuyawa. To ganuwa ta tsaya shekara 100 ba ta ko motsa ba. Jikokin waɗanda suka ga yadda aka gina ta suka fara cewa dama can haka take, me ya sa za mu ba waɗannan tsofaffin gero? Aka fara kiransu ƴan laka, aka daina ba su aure. Ɗan gwani ya dubi bayan ubansa, ya dubi abokinsa ɗan fatake a kan doki, ya bi ayari. Shi kuma tsoho, bisa al'adarsu, ba ya faɗin sunan ƙarshe sai yana kan gargara, sai ga shi wannan ya mutu a hanya, wancan annoba ta ɗauke shi tare da yaronsa. Kowane zamani sunaye kaɗan su zube. Ba dare ɗaya, ba jini, ba wanda zai ce ga ranar da suka ƙare. Ki bar azzalumin sarkin a bakin mutanen gari, su riƙa ba da labarinsa don ya fi sauƙin faɗi a kan cewa mu muka bar su suka mutu da yunwa. Yarinyarki ta fita da wannan labarin a kanta, a hankali ta gano ba haka aka yi ba. Maƙiyan garin kuwa ba sai sun yi wani ƙoƙari ba, jira kawai suke, don sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Sai kuma inda za ta samo su. Kin manta da mata gaba ɗaya, alhali ke mace ce. A gidajenmu in maza sun gama bango da rufi, mata ke yin daɓe. Su taru da madaɓai, a zuba tsakuwa, a yayyafa ruwan makuba, su durƙusa sahu ɗaya suna bugu suna waƙa, ɗaya na bayarwa saura na amshi. Matan gwanayen nan da ƴaƴansu mata ba wanda ya rantsar da su, don ba a ɗauka suna ji ba. Amma sun ji sunayen a bakin mazajensu cikin barci da cikin zazzaɓi, suka zuba su a amshin waƙar daɓe, aka yi ta gadonsu ana rerawa ba a san ma'anarsu ba. Yarinyarki za ta ƙetare daji tana neman tsofaffi masu gemu a kan dutse, ashe abin yana bakin tsofaffin mata a birane bakwai, kowace da guntunta. Wannan zai ba ki dalilin tafiya daga gari zuwa gari, kuma zai ba ki mutanen da kika san yadda suke magana.

Abu na ƙarshe, kufai. Kin rubuta rusassun biranenki da ginshiƙan dutse a tsaye. Birnin ƙasa ba haka yake mutuwa ba, kuma shaida na nan ƙasan garinmu. Maraɗin da Katsinawa suka zauna bayan jihadi ya fitar da su daga Katsina, wadda Ɗan Kasawa ya yi sarauta a cikinta, a fadamar Gulbi take. Ambaliyar 1945 ta cinye ta, aka hauro tudu aka sake gari. Unguwanni suka hauro da sunayensu, Bagalam, Ƴandaka, Limanci, Maraɗawa, Ɗan Gulbi, amma bangayen suka koma ƙasar da aka ɗebo su. Kakana na cikin waɗanda suka hauro, kuma in mun sauka fadama yakan nuna tsakiyar gonar wani ya ce nan zauren wane yake, ni na haɗa bakarsa. Ni kuwa ban ga komai ba sai shuka. Ki sauka can da kanki ki tsaya. Ɓataccen birni a duniyarki ya zama ɗan tudu da fasassun tukwane, manomi na noma a kansa.

TAMBAYA: Malam, na ga labarin nan a wayar ƙanwata, kuma zuciyata ba ta kwanta ba. Sihiri na cikin manyan zunubai masu halakarwa. Ya dace ɗiyar Musulmi ta zauna tana ƙawata masu sihiri, yara na karantawa?
Wani mai karatu, Tsibiri

AMSA: Ɗana, damuwarka a wurinta take, kuma na ji daɗi da kake duba abin da ƙanwarka ke karantawa. Sihiri halaka ne, ba mai jayayya a kan wannan. Hukunci na malamai ne, ka kai musu tambayar su ba ka amsa da hujja. Abin da zan iya faɗa maka na marubuta ne.

Mun tashi ana yi mana tatsuniya da dodo da aljani da bishiya mai magana, a buɗe da ga ta nan ga ta nanku, a rufe da ƙurunƙus. Tsakanin waɗannan kalmomi biyu yaro ya san inda yake, kuma kakanninmu masu sallah da azumi ne suka yi mana su. Labarin ɗalibar nan a wannan fili yake zaune, duniyar da babu ita. Inda nake ja wa marubuta kunne uku ne. Kada a rubuta wani surkulle na gaske da wani zai ɗauka ya gwada. Kada a sa ayar Alƙur'ani ko sunan Allah a bakin mai tsafi don ado. Kada kuma a nuna cewa masu asirin sun san gaibu ko sun fi ƙarfin ƙaddara.

Wannan na ƙarshe ma gyara ne ga labarin kansa. A Suratu Saba'i an ba mu labarin aljannun da ke yi wa Annabi Sulaimanu, amincin Allah ya tabbata a gare shi, manyan gine-gine da akusa kamar tafkuna da tukwane kafaffu. Ya rasu yana dogare da sandarsa, suka ci gaba da wahalar aiki ba su sani ba, sai da gara ta ci sandar ya faɗi. Masu wannan ƙarfi duka, ƙwaro ne ya sanar da su abin da ke gabansu. Zulƙarnaini kuma, a Suratul Kahfi, da zai yi katangar ƙarfe da narkakkiyar tagulla, cewa ya yi da mutanen wurin su taimake shi da ƙarfi, su kawo masa guntayen ƙarfe. Marubucin da ya tashi da jin waɗannan bai kamata maginansa su zama masu iya komai ba. Su gaji, su yi kuskure, su buƙaci mutane, su mutu. In ƙanwarka ta karanta irin wannan, ina sa ran abin da zai zauna mata shi ne girman aikin hannu da haƙƙin mai yin sa.

TAMBAYA: Malam, ni maso ne, shekarata 22 ina aikin siminti. An karanta mini labarin yarinyar nan, kuma na san ku masu rubutu, yanzu za ku fara yabon ginin ƙasa. Amma ku a gidan siminti kuke kwana. Mu muke zuwa tono mutane in bangon ƙasa ya faɗa musu da damina. Ku daina sa wa talaka son abin da ke kashe shi.
Maso, unguwar Ali Ɗan Sofo, Maraɗi

AMSA: Ɗan'uwa, sannu da aiki, Allah ya tsare ku a kan gini. Wasiƙarka ta fi sauran nauyi a wurina. Duk wanda yake garin nan a ƙarshen watan Agusta 2024 ya ga abin da ruwan kwana ɗaya ya yi, gidaje suka zube, aka rasa rayuka. Kwanaki kaɗan bayan haka, a farkon Satumba, tsohon masallacin ƙasa na Damagaram, ginin tsakiyar ƙarni na 19, ya rushe. A Agusta 2023 wani sashe na masallacin Babban Gwani a Zariya ya rufta kan masu sallar La'asar. Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu. Wanda ya tono gawa daga ƙarƙashin bango yana da ikon ya yi magana da zafi.

Amma ka fi ni sanin irin gidajen da suka fi faɗuwa. Bango siriri don a rage kuɗi, birgin da aka buga jiya aka ɗora yau, ba harsashin kirki, an gina a kan hanyar ruwa saboda nan ne kawai mai shi ya iya sayen fili, shekaru sun wuce ba yaɓe, indararo ya karye ruwa na bin jikin bango. Wani kuma a shafe ƙasa da siminti, ruwa ya shiga ta baya ya rasa mafita, waje lafiya lau, ciki ya jiƙe. Kawuna da ya ga irin wannan ba zai kira shi gini ba. Talaka ya rasa tsohon sanin, bai kuma samu kuɗin sabon ba, ya zauna a tsakiya, kuma a nan ake mutuwa. Ka kuma san ɗakin birgin siminti mai rufin kwano a watan Afrilu, lokacin da zafi ke haura digiri 40, yadda tsofaffi da jarirai ke kwana a cikinsa.

Ba a da can kaɗai aka yi gwanaye ba. A ƙauyen Yama na jihar Tawa, Falke Barmu, manomi kuma magini, ya fara masallacin ƙasa a 1962, ya yi ta ƙara masa har ya samu kyautar Aga Khan ta gine-gine a 1986. A Dandaji, ita ma jihar Tawa, Mariam Kamara da abokiyar aikinta Yasaman Esmaili sun mai da tsohon masallaci ɗakin karatu, suka gina sabo da birgin ƙasa da aka matse da inji, aka gama a 2018, kuma sun kira maginan tsohon masallacin aka yi aikin tare da su. Masu ilimin takarda da masu ilimin hannu suka tsaya a fili ɗaya. Irin wannan nake fata ga Maraɗi, kuma ba zai yiwu ba sai da ku, don ku ne a kan bango yau.

Ita kuma marubuciyar, ina roƙonta ta sa mutum irinka a labarinta. Wanda ganuwar asirin ta faɗa wa ɗansa, ya tsani sunan ƙungiyar, yana ganin gara a rushe a yi sabuwa da abin da kowa ya iya, ba sai an jira masu sirri ba. Kada ta mai da shi mugu. Ta ba shi hujjarsa cikakkiya, don tambayar da yake yi ta gaskiya ce: ilimin da rayukan mutane ke rataye a kansa, wa ya ba wasu ƴan tsiraru ikon ɓoye shi? Ƙungiyar tana da nata laifin a ɓacewarta, kuma shi ne zai faɗa mata.

TAMBAYA: Baba, abokina ya ce ƙungiyar magina ta asiri ai Firimesin ce, wai daga can aka kwaikwayo. Gaskiya ne? Kuma in ni ma zan rubuta irin wannan, yaya ƴan ƙungiyar za su riƙa gane junansu?
Ɗan lise, Sabon Gari, Maraɗi

AMSA: Ɗana, abokinka ya ji wani abu, amma bai ji duka ba. Ƙungiyar da yake nufi ta samo alamominta daga masu sassaƙar dutse na Ingila da Sikotilan, kuma an kafa babbar majalisarta a Landan a 1717. Zuwa lokacin yawancin masu shigarta ba magina ba ne. Ɓoye sirrin sana'a kuwa ba a wurinsu aka fara ba. Maƙera da wanzamai da mahauta da masunta na ƙasar Hausa duk suna da abin da ba sa faɗa wa bare, kowace sana'a da sarkinta, magina ma da Sarkin Magina.

Don haka tsarin na hannunka. Mai kwaɓa, mai jifa, magini, gwani, babban gwani, kuma ba a tsallake mataki. Wajen gane juna, ka bar zobe da gaisuwar ɓoye. Baƙo ya iso gari ya tsaya gindin gini, wanda ke sama ya sako masa tubali ba gargaɗi. Yadda ya cafe, da yadda ya juya shi tsini sama kafin ya mayar, ya isa. Ko a miƙa masa ƙasa a tafin hannu, in ya kai harshe ya faɗi ramin da aka ɗebo ta, a shigar da shi zaure. Alamar aikinsu kuma ta ɓuya cikin zanen bango, irin wanda ake gani a tsofaffin gidajen unguwar Birni a Damagaram: kowa na ganin dagi, su kuwa suna karanta wa ya gina da shekarar da za a dawo gyara.

Kafin ka rubuta layi ɗaya, ka nemi tsohon magini a cikin gari ko mai ginin rumbu a ƙauye, da rani ake aikin. Ka tafi da goro, ka gaishe shi yadda ya kamata, ka nemi izinin taya shi kwaɓa. Kada ka tambaye shi asiri, ba zai faɗa maka ba, kuma zai daina sakin jiki da kai. Ka tambaye shi wane gini ne ya fi ba shi wahala.

Wasiƙun da suka zo kan ƙa'idar amsa-amo a rubutacciyar waƙa sai fitowa ta gaba, in Allah ya kai mu.